Wasiƙa daga Garwa: zaren da ke riƙe lokaci

Aminina,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya kai da iyali, da fatan ruwan Duwala ya ɗan sarara muku. Mu nan hunturu ya shigo, hazo ya rufe Binuwai, ƙauyuka kuma an shiga cirar auduga.

Ka tambaye ni inda aka kwana kan labarin da na ce zan rubuta. To, na kama shi gadan-gadan. Ƙagaggen labari ne a kan wani kamfani da babu shi a duniya, na dasa shi a gaɓar Binuwai, ba ya yin komai sai zare. Sai dai zaren nasa lokaci yake juyawa.

Ka san auduga kan yi wata biyar zuwa shida a gona, a shuka wajen watan Yuni, a fara cira a Nuwamba. A labarina kwanakin nan ba wucewa suke yi ba, cikin kaɗar suke kwanciya. Kamfanin ya gano yadda zai yi gurza ba tare da kwanakin sun bi angurya sun zube ba. Sauran aikin duk a murɗi yake. Zaren da aka murɗa dama jan lokaci yake yi, wanda ya sa rigarsa sai sa'a guda ta ishe shi aikin yini. Wanda aka murɗa hagu kuwa kora lokaci yake yi, dare ya wuce kafin ka juya a shimfiɗa. Wannan wajen Iya na samo shi. Ka tuna ta a zaune a bakin ɗaki bayan la'asar, ta gama shiɓa, ta lakaci alli a yatsa, ta murza mazari ya yi ta juyi, hannun hagu na can sama yana sakin auduga a hankali? In ta so abawa ta yi kauri, in ta so arafiya ta ja siriri. Da idona nake ganin yini guda yana naɗuwa a jikin mazari.

Masu saye ba su ba ni wahala ba: ɗalibi a daren jarrabawa, majinyacin da ke roƙon gari ya waye, attajiri mai son babbar rigar da za ta ba shi kasuwa biyu a rana ɗaya. Wadda ta fi tsaya mini a rai wata uwa ce da ta sayar da akuyarta ta sayi zanen goyo na murɗin dama, don kawai ɗan autanta ya daɗe a bayanta.

Amma zuciyar labarin ba a kansu take ba. Kwanakin da ke cikin zaren na wani ne. Akwai babin da wani manomi na wajen Gidar ya kai audugarsa awo, aka ɗora a sikeli, aka cire bashin taki da maganin feshi, ya karɓi saura. Ya dawo gida ya tarar 'yarsa da ya sani tana rarrafe ta taho da gudu ta rungume shi. Ya nemi daminar bana a kansa ya rasa. Bai tuna ranar shuka ba, bai tuna ruwan farko ba, bai tuna ranar da yarinyar ta miƙe ba. Duk an auna su tare da audugar. Wallahi da na gama babin nan sai da na ajiye alƙalami na fita waje.

Iyaka ɗaya na sa wa kamfanin, kuma ba zan janye ta ba: zarensa ba ya taɓa ajali. Ba ya ƙara wa kowa kwana, ba ya dawo da wanda ya tafi, wannan na Allah ne. Shi ya sa a labarin likkafani kaɗai ake saƙawa da zaren gida.

Ina so ƙasan labarin ta zama gaskiya tsantsa, ko da samansa mafarki ne. Sodecoton, kamfanin audugar Kamaru da aka kafa a 1974, nan Garwa hedikwatarta take, ita ke ba manoma iri da taki bashi, ta sayi amfanin, ta gurje, ta matse mai daga angurya. Cicam kuwa, kamfanin saƙa da atamfa, tun 1965 take, masaƙarta na nan garin, ita ta saba buga atamfar 8 ga Maris, ranar mata ta duniya, da matanmu ke ɗinkawa. Amma ɗan kaɗan ne na audugarmu ake kaɗawa a gida, mafi yawa diloli ake ɗaurewa a yi kudu da su, daga Duwala jirgin ruwa ya wuce da su Asiya.

Nan nake neman taimakonka, tunda kai kake kusa da tashar. Rubuto mini yadda ake sauke dilolin, da irin rubutun da ke jikinsu, da abin da 'yan dako ke cewa in suna ɗagawa. Akwai babin da dila guda ta fashe a tashar, damina sukutum ta tsere cikin gari, ina so in san inda mutane za su fara gudu. Ka kuma tayo ni tunanin sunan da zan raɗa wa kamfanin.

Ka gaida maiɗakinka da yara. Mutanen gida duk suna gaishe ka.

Naka har kullum,
amininka na Garwa