Takardar Koke Zuwa Ga Mai Girma Uban Ƙasa Kan Masu Soke Idon Mutane a Kasuwa

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Bayan gaisuwa ta ladabi da biyayya irin ta 'ya'ya ga ubansu, muna roƙon Allah ya ja zamanin Uban Ƙasa, ya ƙara lafiya da adalci, ya jiƙan magabata. Mu ne talakawanka, dattawa da matasa da iyaye mata na wannan yanki na masarautar Argungu.

Ranka ya daɗe, abin da ya sami ladaninmu ne ya hana mu yin shiru. Tsoho ne da ya fi shekara 30 yana kiran salla. Yanar ido ta rufe masa idon dama, na hagu kuma dishi-dishi yake gani da shi. Ran kasuwar da ta wuce sai ga wani mai soke ido da jakarsa ya shimfiɗa tabarma a gindin dogonyaro, bayan 'yan hatsi, yana shelar zai cire yanar ido nan take. Ladan ya sayar da tunkiyarsa ya biya. A gaban jama'a aka soka masa doguwar allura a ido, allurar da aka yi wa mutum uku aiki da ita kafin shi, tsumma kawai ake goge ta da shi. Ya ce ya ga haske, mutane suka yi kabbara. Kwana uku ido ya kumbura yana zubar da mugunya, tsoho ya kwana yana nishi, maƙwabta na ji. Da muka kai shi Birnin Kebbi, likita ya duba ya ce ido ya tafi. Mai jaka kuwa ya naɗe tabarmarsa tun a daren, ko sama ko ƙasa. Yanzu jikan ladan ne ke jan sa zuwa masallaci, yaron ya bar makaranta.

Allah ya ba ka nasara, likitan ya yi mana bayani. Mai allura ba ya cire yana, tura ta yake can cikin ido, shi ya sa ake ganin haske da farko, daga baya ciwo ko hawan jinin ido ya biyo. Binciken makanta na ƙasa da aka yi daga 2005 zuwa 2007 ya nuna kusan bakwai cikin goma na idanun da aka yi wa irin wannan aiki a makance suke ƙarewa. A asibiti fitar da yanar ake yi a sa ƙwayar roba a gurbinta, washegari a cire bandeji mutum ya ga 'ya'yansa. Da ladan ya samu wannan, da yau da ƙafarsa yake zuwa.

Mun sha kai kuka. Mun gaya wa masu unguwa, mun gaya wa sarkin kasuwa, an yi zama, an rubuta suna, an ce za a duba. Ba ma son mu ce an manta da mu, amma mutum nawa za a makantar kafin a duba?

Muna roƙon Uban Ƙasa ya sa sankira ya yi shela a kowace kasuwa cewa an hana wannan sana'a a ƙasarsa, wanda aka kama a miƙa shi ga hukuma. A nemo mutumin nan. A sa limamai su faɗa ran Juma'a. A ja wa masu kemis kunne kan maganin ɗiga da suke sayarwa barkatai duk lokacin da afolo ya shigo gari. Kuma hani kaɗai ba zai isa ba, domin rashin inda za a je ne ke kai tsofaffi gindin bishiya: talaka ba shi da kuɗin motar Sakkwato, balle Cibiyar Ido ta Ƙasa da ke Kaduna. A nema mana ma'aikacin ido a asibitin garinmu ko da sau ɗaya a wata, a kawo likitocin fiɗar yana ko da sau ɗaya a shekara bayan girbi.

Muna kuma roƙon a isar da kukanmu ga Mai Martaba Sarkin Kabbi. Mun ga yadda sarakuna suka tsaya kan rigakafin shan-inna har aka wanke Najeriya a 2020. A hana mai allura, ranka ya daɗe, a hana shi kafin kasuwa mai zuwa, domin an ce akwai tsofaffi biyu da suka riga suka ba shi kafin alƙalami.

Allah ya ja zamani.

Talakawanka masu biyayya, a madadin dattawa, matasa da iyaye mata.