Amsa ga Hajiyar da ta ce da hawayen mutane nake cin abinci

Hajiya, assalamu alaikum.

A shirin rediyon da aka gayyace ni kin bugo waya kika ce, ni da nake yawo da kyamara gidajen da aka yi kisa, ba da hawayen mutane nake cin abinci ba? Lokaci ya ƙure ban amsa ba.

E, da dokumentari nake cefane. Mai sayar da likkafani ma ba kyauta yake bayarwa ba. Abin da ya kamata a tuhume ni a kai shi ne me fim ɗin ya tsinana wa masu mamaci.

Nan Gombe ba wanda za a ba labarin kalare, kamar yadda ba a ba Bauchi labarin sara-suka. Tun 2007 ƙungiyar kare haƙƙin ɗan adam ta Human Rights Watch ta rubuta yadda 'yan siyasa ke ɗaukar nauyin 'yan daban nan lokacin zaɓe. Ranar kisa kowa na da labari. Bayan sadakar bakwai fa? A kama yaro, a kai kotu, a ɗage zama, a sake ɗagewa, shaida ya daina zuwa saboda layinsu ɗaya da wanda ake zargi, ƙarshe a ce wa uwa ta bar wa Allah. Nan nawa aikin yake farawa, kuma yawancinsa zaman benci ne a harabar kotu.

Ba na nuna gawa. Ba na kiran kowa mai laifi kafin alƙali ya kira shi. Shaida kuwa rufe fuska da sauya murya ba sa isa, don a Bolari ko Jekadafari fentin ƙofa ko aikin hula ya isa a gane mutum, har su nake dusashewa. In uwa ta ce ta fasa, ko an gama tacewa, fim ya mutu, kuɗin ma sun bi shi.

Yana amfani? Wani lokaci. A 2018 BBC ta fallasa cinikin kodin, nan take gwamnati ta hana haɗa maganin tarin da shigo da shi. A Amurka, fim ɗin Errol Morris na 1988 ya taimaka aka saki Randall Adams a 1989, mutumin da aka taɓa yanke wa hukuncin kisa.

Inda tsoronki yake da tushe shi ne mai da mai kisa tauraro. Da irin wannan zargi hukumar kula da gidajen rediyo da talabijin ta Najeriya, NBC, ta ci gidan talabijin na Trust TV tarar naira miliyan 5 a 2022 kan shirinta na 'yan bindiga. Tarar ba ta yi mini ba, amma na ga yadda yaro ke gyara riƙon adda da ya hango kyamara. Shi ya sa sai ya ajiye ta nake kunnawa, kuma mintunansa ba sa kai na uwar wanda aka kashe.

Ki gaida gida.

Ɗanki, mai shirya dokumentari, Gombe.