Wasiƙa zuwa ga Habu a Alƙahira: Kundin Ƙofa Tara

Unguwar Jahun,
Bauchi.

Aminina Habu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ya karatu, ya sanyin Masar? Mu nan hunturu ya sauka, hazo ya rufe duwatsun gari. Inna tana gaishe ka, ta ce ko ka manta hanyar gida ne.

Labarin nan da nake ta yi maka alkawari ya fara tsayawa da ƙafarsa. Jigonsa wani kundi ne da babu shi a duniya, ni na ƙage shi, na sa masa suna Kundin Ƙofa Tara. Warƙa-warƙa yake cikin gafaka, baƙar tawada da jan wasali, gara ta ci gefensa. Wani tela a kasuwar Wunti ne ya tsince shi a ƙasan adakar kakansa, wanda malamin hisabi ne.

Ka tuna hatimin nan mai gida tara da muke zanawa a ƙasa? Sama 4, 9, 2, tsakiya 3, 5, 7, ƙasa 8, 1, 6. Ta ko'ina ka haɗa, tsaye, kwance ko karkace, 15 za ka samu. Masu lissafi sun tabbatar hatimin gida tara guda ɗaya ne tak, sai dai ana iya juya shi ko a kifa shi ya ba da fuska takwas. To kundin nawa cewa yake kowace fuska Bauchi ce. Birni takwas ne a haɗe wuri ɗaya, ganuwa ɗaya, kowanne da mutanensa, ba sa ganin juna. Gida taran kuwa su ne ƙofofin gari. Ka cika hatimin a wata fuska, ka fita ta Ƙofar Ran, ka zagayo ka shigo ta Ƙofar Wunti, sai ka faɗa wata Bauchin. Na so in yi da mai gida 16, sai na ga iri 880 ne, kafin ma a juya su. Wa zai rubuta birni 880?

A Bauchi ta biyu ba a kashe Tafawa Ɓalewa a Janairun 1966 ba, ya tsufa ya koma riƙe alli, filin kabarinsa yara ke buga ƙwallo a ciki. Amma wurin da ya fi kama ni shi ne Bauchi ta uku. Telan ya tarar da mahaifiyarsa da ta rasu tun yana yaro zaune a ƙofar gida tana suyar masa, tana juya ta a tanda da ɗan cokalin nan mai lanƙwasasshen baki. Ta ɗago ta ce masa ya makara, miyar ta huce. Ya ci yana hawaye. Da ya tambaye ta ina 'yarsa, sai ta ce wace 'ya? A can bai taɓa aure ba. Dokar kundin ke nan: lambobi suna sauya gida, jimilla tana nan a 15. Abin da aka ƙara maka ta nan an rage shi ta can. Kuma 5 ba ta barin tsakiya ko yaya ka juya. Ita na mayar halin mutum. Telan mai zuciya ne a duk birni takwas ɗin, hali zanen dutse.

Yadda zai ɓata kuwa, da abajada, wato hisabin haruffan Larabci, zan kama shi. Harafin Sin a lissafin gabas 60 ce, shi ya sa ake ƙirga Bisimilla 786. A lissafin Magarib, wanda kakansa ya yi aiki da shi, 300 ce, jimillar ta koma 1026. Ya yi hisabin komawa gida da na gabas, ya shiga inda bai nufa ba.

Wani abokina mai koyar da fiziks ya karanta, ya ce ai Hugh Everett ya kawo ra'ayin duniyoyi masu yawa tun 1957, sai dai a nasa ba a tsallakawa daga wata zuwa wata. Na ce shi ya sa nawa labari ne. Kawu Liman kuma ya tuna mini hadisin da ya ce faɗin "da na yi kaza" yana buɗe aikin Shaiɗan. Wannan ta fi zauna mini a rai. Ni dai a ganina labarin bayan hadisin yake, tunda telan ya zagaye duk "da na sani" ɗinsa bai samu inda aka ba shi 16 ba. Kawu bai gamsu ba, ya ce in cire zanen kada wani ya mayar da shi laya.

Ga roƙona. Malam Muhammadu al-Fulani al-Kashinawi, Bakatsinen da ya rubuta littafi kan hatimai masu gida mara a 1732, nan Alƙahira ya rasu a 1741. Don Allah ka leƙa Darul Kutub ko ɗakin karatun Azhar, in ka dace da kwafe ka ɗauko mini hoton shafi ko uku, ina son ganin yadda yake jera lambobin. Babi biyun farko na nan tafe ta WhatsApp, kuma kada ka ji nauyina.

Ka gai da su Malam Isa.

Naka har kullum,
Bala