Buɗaɗɗiyar wasiƙa ga matashin Garin Malam mai tambaya kan tsofaffin wasanni

Ƙanena, salamu alaikum.

A shirin matasa na rediyo ka jefo mini tambaya, lokaci ya ƙare ban gama ba ka amsa ba. Ka ce yayanka ya bar maka kwamfuta mai ram (wato ƙwaƙwalwar da take aiki da ita) jiga 4, kana son buga wasannin da ake biyan kuɗi a buga a shagunan Zango a da, shin za ta ɗauka ko sai ka tara kuɗin sabuwa?

Ajiye kuɗinka, wadda ke hannunka ta isa. Dubi shekarun injinan wasan: Mega Drive ta fito a 1988, Super Nintendo a 1990, PlayStation ta farko a 1994. Ita PlayStation ɗin da muke yi wa layi, ram ɗinta mega 2 ne kacal, naka ya ninka shi sau dubu biyu. Abin da ya rage maka manhaja ce mai sa kwamfuta ta kwaikwayi tsohon inji, wadda ake kira emuleta. Sauke RetroArch, kyauta ce. A cikinta ka zaɓi Snes9x don Super Nintendo, Genesis Plus GX don Mega Drive. Don PlayStation na fi son DuckStation, sai dai tana neman fayil ɗin BIOS, wato ɗan shirin da ke tayar da injin na asali. PlayStation 2 ta shekarar 2000 kuwa, ka dakata tukuna. PCSX2 ke kunna ta, kuma tana son kwamfuta mai ƙarfi. A kan taka za ka ga ɗan ƙwallo yana tafiya kamar cikin taɓo.

Inda na fi damuwa shi ne kile, wato ɗan abin ajiyar fayil da ake soka wa kwamfuta ta USB. Sau da yawa ana kawo mini kwamfuta shago ta sandare, in bincika in tarar an ɗura mata tarin wasanni daga kilen da ya zaga gari. Ka riƙe wannan da kyau: wasan Super Nintendo sunansa na ƙarewa da .sfc ko .smc, girmansa bai wuce mega 6 ba. Wanda ya ba ka shi yana ƙarewa da .exe, cuta ya ba ka, goge shi kafin ka taɓa. Manhajar kuma ka ɗauko ta daga wurin masu yin ta.

Akwai batun haƙƙin mutane, ba zan ɓoye maka ba. Emuleta ita kanta ba sata ba ce. A 2000 kotu a Amurka ta ba kamfanin Connectix mai yin emuleta gaskiya kan Sony mai PlayStation a irin wannan shari'a. Amma wasannin suna da masu su. Hanya mai tsabta ita ce ka kwafi faifan da ka mallaka. Tambayi yayyenka, ba mamaki akwai faifan PlayStation kwance a ƙasan akwati, kuma kwamfuta mai wurin faifai tana karanta shi.

Sai zafin Damagaram. A watan Afrilu, in rana ta haura digiri 40, kar ka aza kwamfutar kan katifa, fankarta za ta toshe. Ɗaga ta kan katako, iska ta ratsa ƙasanta. Bayan hunturu a buɗe ta a hure ƙura. Saboda ɗaukewar wuta kuma, saba wa yatsanka da maɓallin F2 a RetroArch, yana adana daidai inda kake. F4 ya maido ka wurin.

Abu ɗaya kawai za ka saya: manet, wato abin riƙewa a hannu a buga wasa, mai USB, guda biyu. Street Fighter II ba a yi shi don mutum ɗaya ba, ka kira ƙannenka su zauna. In RetroArch bai gane manet ɗin ba, shiga wurin saitin maɓallai ka danna su ɗaya bayan ɗaya. In ya ƙi, kawo mini kwamfutar shago bayan la'asar mu duba tare.

Yayanka mai gyaran kwamfuta,
kusa da Kasuwar Dole, Damagaram