Wasiƙa zuwa ga Ɗanlami: ta ƙofar baya ka shiga gidan Tanpinar

Aminina Ɗanlami,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ya iyali, ya sanyin Istanbul? Wata huɗu shiru, kamar an aiki bawa garinsu. Sai jiya Yaya Ladi take cewa wai ka sayi littafin Huzur, ka kai shafi talatin ka jingine, kana cewa marubucinsa Baturke, Ahmet Hamdi Tanpinar, barci yake sa ka. Haba Malam!

Ba da Huzur ake farawa ba, da littafinsa Saatleri Ayarlama Enstitüsü ake farawa, wato Hukumar Saita Agogo. Jarida ta fitar da shi kashi-kashi a 1954, ya zama littafi a 1961, marubucin ya rasu a Janairun 1962. Amma dariyar cikinsa ba za ta kama ka ba sai ka san agogonsu na da. A Daular Usmaniyya (ta can, ba tamu ta Sakkwato ba) da magariba kwana ke farawa: rana na faɗuwa, a mai da agogo ƙarfe 12. To magariba ba ta zama wuri ɗaya, mafi yawan kwanaki sai ta gusa da minti ɗaya ko biyu, saboda haka ko agogon ya kai na sarki kyau, sai an taɓa shi kusan kullum. Shi ya sa manyan masallatai ke da ɗan ɗaki a gefe, inda masanin lokaci, muvakkit, ke auna tsayin rana da wani allo mai siffar rubu'in da'ira, jama'a su leƙa ta taga su daidaita nasu. Dokar Disambar 1925 ta kawo lissafin awa irin na Turai, sana'ar ta mutu a tsaye. A 1928 aka kori haruffan Larabci ma, Tanpinar yana ɗan shekara 27.

A cikin littafin, mai ba da labarin, Hayri Irdal, a wajen irin wannan masani mai suna Nuri Efendi ya yi almajiranci. Sai ga wani mai suna Halit Ayarci ya ɗauki maganganun tsohon ya gina hukuma a kansu: ana cin tarar duk wanda agogonsa ya yi gaba ko baya, ofisoshi cike da 'yan'uwa da surukai, har waliyyin agogo suka ƙirƙiro, Ahmet Zamani Efendi, suka rubuta masa tarihi. Ka ce min ba kwamitin Kawu Sule ba ne wannan.

Af, Auwalu ya sake ɗage bikin, wai sai bayan girbi. Karo na uku ke nan. Baba Tanko ya ce ba zai ƙara ɗinka ko hula ba.

Huzur kuwa, ga inda mutane ke ɓata. Littafin 1949 ne, kashi huɗu, kowanne da sunan mutum: Ihsan, Nuran, Suat, Mümtaz. Na farko da na ƙarshe yini guda ne, jajiberin Yaƙin Duniya na Biyu. Biyun tsakiya tuna baya ne. Ka riƙe wannan, ka ajiye ƙamus kusa, domin mutumin bai saki kalmomin Larabci da Farisanci ba a lokacin da ake share su daga Turkanci. Hakan na cikin abin da ya sa aka yi masa kallon ɗan da, ya tafi yana kukan an yi shiru da aikinsa. Sai daga shekarun 1970 aka dawo kansa.

In Huzur ya sake gagarar ka, huta da Beş Şehir (Birane Biyar) na 1946, kan Ankara, Erzurum, Konya, Bursa da Istanbul. Tanpinar ɗa ne ga wani alƙali da aka yi ta yi wa canjin wurin aiki, su Sinop, Siirt, Kirkuk, Antalya, ya san yadda ake kallon baƙon gari.

Kabarinsa na maƙabartar Aşiyan a nan Istanbul, gefen na malaminsa, marubucin waƙoƙi Yahya Kemal. Ka je ranar da ba ruwa, ka turo hoto. Kuma shaddar nan, Yaya Ladi ta ce shuɗiya ta ce, ba toka-toka ba.

Ka gaida Maman Abba da yara.

Naka,
Habibu