Rahoton ayyukan shekarar 2025 ga mambobin ƙungiyarmu: gyaran shafukan biki domin wayar hannu

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Mai girma shugaba, iyayen ƙungiya, da 'yan uwa mambobi masu buga katin gayyata, masu ɗaukar hoto da masu tsara shafukan intanet a nan Kaduna, a madadin kwamitin gudanarwa nake gabatar muku da bayanin abin da muka gudanar a wannan shekara. Lissafin kuɗin shiga da na fita yana hannun ma'aji, zai kuma karanta shi daban, saboda haka wannan rahoto ya tsaya ne a kan aikin da babban taronmu na bara ya ɗora mana, wato gyara yadda shafukan biki da mambobinmu ke yi wa jama'a suke fitowa a wayar hannu.

Waɗanda suka halarci taron za su tuna dalilin ɗora mana aikin. Iyalai da dama a yanzu ba sa tsayawa a kan katin takarda da goro da alawa kaɗai, suna son a buɗe musu shafi guda wanda zai tattara ranakun kamu, sa lalle, ɗaurin aure, walima da kai amarya, a tura wa dangi na Zariya, Kano, Abuja da na ƙasashen waje ta WhatsApp. Mu kuwa muna zama gaban faffaɗan allon kwamfuta a shagunanmu mu tsara abu mai kyau, ango ya zo ya gani ya yaba ya biya, alhali kusan duk wanda aka gayyata a waya zai buɗe shi, mafi yawa kuma a ƙananan wayoyin Tecno, itel da Infinix, wani lokacin a inda sabis ke zuwa yana ɗaukewa. Koke-koken da suka riƙa dawo mana duk daga nan suka taso.

Aikin farko da kwamiti ya yi shi ne tattara shafukan da mambobi suka amince a duba, muka kuma roƙi aron tsofaffin wayoyi daga gidajenmu domin gwaji. Ina son in tsaya a kan wani zama da muka yi a shagon ɗaya daga cikinmu a Tudun Wada, domin shi ne ya sauya tunanin da yawa daga cikinmu. Wata Hajiya, gwaggon wata amarya ce, ta zo daga Rigasa karɓar katunan da aka buga, sai muka roƙe ta ta buɗe shafin bikin 'yar ɗan uwanta a wayarta, wadda gilashinta ya tsage ta gefe guda. Ta danna, fuskar wayar ta yi fari fat na tsawon lokaci, sannan hoton furanni ya fara saukowa kaɗan-kaɗan daga sama. Da ya gama fitowa, ta nisanta wayar daga idonta, ta matso da ita, ta sa yatsu biyu tana buɗa rubutun, can ta ɗago ta ce, "Ɗana, ni ƙarfe nawa ne ɗaurin auren kawai nake nema." Lokacin yana nan a shafin, amma sai an wuce hotuna masu yawa da dogon jawabin godiya kafin a kai gare shi. Mu da muka tsara shafin babu wanda ya iya cewa komai.

Daga wannan zama ne muka fitar da ƙa'idar da muka fi ba muhimmanci a bana: abin da mai waya zai fara gani, tun kafin ya ja shafin sama, dole ya ƙunshi sunayen iyalan biyu, ranar ɗaurin aure, lokaci da wuri, a rubuce da haruffa na gaske. Mun jaddada maganar haruffa na gaske ne saboda al'adar da ta yi mana katutu ta ɗaukar hoton katin takarda a liƙa shi a shafi kamar yadda yake. Kati an yi shi ne domin a riƙe a hannu, idan aka matse shi cikin faɗin waya, wanda a wayoyin Android da yawa kusan fiksel 360 ne kawai (fiksel shi ne ɗigon da ake auna shafi da shi), rubutunsa kan koma kamar sahun tururuwa. Haka nan jadawalin shagulgula da muke jerawa gefe da gefe kamar na jarrabawa. Mun koyar da a sauke shi ya zama kowace rana da nata sashe, ɗaya a ƙarƙashin ɗaya, ta yadda babu mai buƙatar jan shafi hagu ko dama. Wannan dabara ta barin shafi ya daidaita kansa da girman kowace fuska ba sabuwa ba ce, tun 2010 wani mai tsara shafukan intanet, Ethan Marcotte, ya bayyana ta, kuma tun 2015 Google ya fara fifita shafukan da suka dace da waya a sakamakon bincikensa, mu ne dai muka makara wajen ɗaukarta da gaske.

A bitocin da muka gudanar, nauyin hotuna ne ya fi cin lokaci, kuma a nan ne aka fi samun saɓani tsakanin masu ɗaukar hoto da masu tsara shafi. Mai hoto yana ganin rage nauyin hotonsa rage darajar aikinsa ne, kuma yana da hujja, domin sunansa ke kan hoton. Amma hoto guda kamar yadda ya fito daga kyamara kan kai megabait da yawa, idan aka jera ashirin a shafi ɗaya, an ɗora wa baƙo kuɗin data da bai shirya ba, a shekarar da hukumar sadarwa ta ƙasa, NCC, ta amince a watan Janairu da ƙarin kashi 50 cikin ɗari a farashin kira da data. Mun zauna da ɓangarorin biyu, muka ɗauki hoto ɗaya muka rage faɗinsa, muka mayar da shi tsarin WebP mai rage nauyin hoto, muka ajiye shi kusa da na asali a waya ɗaya, aka nemi masu hoton su nuna wanda aka taɓa. Da ƙyar aka bambance su. Matsayar da aka cimma ita ce kada hoton shafi ya wuce kilobait 200, hotunan da ke ƙasa kuma kada su sauko sai mai waya ya gangaro kusa da su, cikakkun hotuna masu nauyi kuwa a ba iyali su daban. Waƙar da ke tashi da kanta da zarar an buɗe shafi mun yi shawarar a daina sa ta, domin yawancin burauzoji, wato manhajojin buɗe shafi, suna toshe ta, inda kuma ta tashi tana iya kunyata mutum a ofis ko a cikin sahun jama'a.

Akwai matsalar da ta shafe mu musamman a matsayinmu na masu rubutu da Hausa, kuma a ganina ita ce ta fi zubar mana da mutunci. Kyawawan salon haruffan nan masu lanƙwasa da ake sha'awa a katin biki, da yawansu an zana su ne ba tare da ƙ, ɗ, ɓ da ƴ ba. Sakamakon haka, a wani shafi da muka duba, babban kanun da ya kamata ya ce "Ɗaurin Aure" ya fito da ɗan akwati a madadin harafin farko, a wasu wayoyin kuma harafin ya fito da wani salo dabam, ya tsaya a tsakiyar kalma kamar baƙo. Wasu mambobi sun ce a rubuta da d da k kawai a huta, amma kwamiti bai goyi bayan haka ba, tunda akwai salon da ke ɗauke da haruffanmu cikakku, kamar jerin Noto na Google, kuma gwada salo kafin a zaɓe shi bai wuce a rubuta "ƙanwar ango" da "ɓangaren amarya" a duba ba. Basmala da addu'ar da ake sa wa a saman shafi su ma mun nuna yadda ake shaida wa shafi cewa rubutun Larabci ne mai tafiya daga dama zuwa hagu, domin kada kalmomi su hargitse; duk wanda bai iya karanta Larabci sosai ba, mun roƙe shi ya kai wa malami ya duba kafin ya saki aiki.

Game da launi da girman rubutu ba mu daɗe ba. Ruwan zinare a kan ruwan madara yana da kyau a ɗaki, amma mun fita da wayoyin tsakar rana muka ga ba ya karantuwa, alhali a ƙofar masallaci bayan Juma'a ne mutum ya fi buƙatar duba inda za a yi walima. An tsayar da cewa rubutu kada ya gaza fiksel 16, madannai kuma su kai kusan 48 tsawo da faɗi domin babban yatsa ya same su ba kuskure.

Kwatancen wuri ya ba mu aiki fiye da yadda muka zata. Madannin da ke buɗe Google Maps yana da amfani ga baƙon da ya sauka daga jirgin ƙasa a tashar Rigasa ko ya shigo ta Kawo, amma a lungunan Unguwar Sanusi ko Badarawa taswira ba kullum take kai mutum ƙofar gida ba, kuma mai Keke Napep da kwatance yake aiki. Don haka muka ce a haɗa biyun, taswira da rubutaccen kwatance irin namu, a ambaci masallaci, makaranta ko gidan mai da ke kusa. Haka kuma idan an sa kwanan watan Musulunci, a rubuta sunan ranar da kwanan watan Bature tare da shi, saboda ganin wata na iya matsar da lissafi da kwana ɗaya.

Wani abin da muka gwada bai karɓu ba, kuma ya kamata in faɗa a fili. Mun kwaikwayi fom ɗin da baƙo zai cike ya ce zai zo ko ba zai zo ba, har muka ɓata lokaci wajen gyara shi ya dace da waya. Mutanenmu ba su cike shi ba, kuma da muka yi tunani muka ga ba laifinsu ba ne, domin a wurinmu ba a tambayar ɗan uwa ko zai zo biki, kuma wanda ya zo ba ya zuwa shi kaɗai. Abin da ya yi aiki shi ne madanni guda mai buɗe WhatsApp kai tsaye zuwa ga wanda iyali suka wakilta, inda ake tambayar anko, masauki da motar kai amarya.

Batun sirri ya taso sau da yawa, kuma iyayen ƙungiya ne suka fi matsa mana a kansa, Allah ya saka musu da alheri. Adireshin shafi da zarar ya shiga rukunin WhatsApp ɗaya, babu mai iya sanin inda zai tsaya. Akwai gidajen da ba sa son hoton 'yarsu ya fita ko kaɗan, har da ɗan ƙaramin hoton da ke bayyana tare da adireshin idan an tura shi, wanda da yawa daga cikinmu ba su san ana iya zaɓarsa ba; yanzu mun koyar da a sa zanen sunaye a wurin sai idan iyali sun nemi akasin haka. Mun kuma amince cewa ba za a sa hoton amarya, lambar waya, kwatancen gida ko lambar asusun gudummawa ba sai da izinin waliyyi ko wanda ya wakilta a rubuce, ko da ta saƙon waya ne. Dokar kare bayanan jama'a ta Nijeriya ta 2023 ta ɗora nauyi a kan duk mai riƙe bayanan wasu, mu ma muna ciki, kuma kwamiti yana neman lauya daga cikin 'yan uwa da zai zo ya yi mana bayaninta dalla-dalla, abin da ba mu samu yi a bana ba.

Abin da ya rage a gabanmu, wanda muke roƙon wannan taro ya yanke hukunci a kansa, shi ne makomar shafi bayan an watse biki. Wasu mambobi suna barin shafuka a buɗe har kuɗin ajiyarsu ya ƙare, da kwatancen gida da lambobin waya a ciki, wasu kuma suna rufewa washegarin buɗar kai, iyali su dawo suna neman hotunansu. Shawarar kwamiti ita ce a cire kwatance da lambobi mako guda bayan kai amarya, a bar sauran har wata uku, a kuma rubuta wannan sharaɗi a takardar karɓar aiki tun farko. Muna kuma roƙon duk mai tsohuwar wayar da ba ya amfani da ita ya kawo wa sakatariya, domin biyu daga cikin wayoyin gwajinmu batirinsu ya kumbura, ga kuma bukukuwan kafin azumi sun matso, lokacin da aiki ya fi yi wa mambobi yawa.

Wassalamu alaikum.

Sakatare, a madadin kwamitin gudanarwa