Ku miƙo mana kyamarar mu ɗauki kanmu

Malam Edita, assalamu alaikum. Don Allah a ɗan sammini fili in amayar da abin da ke cina a rai game da finafinan dokumantari da ake yi a kan masu buƙata ta musamman.

Ni shan inna ce ta taɓa ni tun ina ƙarami, da sanduna nake tafiya. Kwanaki wasu masu ɗaukar fim suka zo wai za su yi shiri a kanmu, wallahi na yi murna, na kwana ina tsara yadda zan faɗi cewa matakalar bene ce ta hana ni shiga intabiyun aiki alhali takarduna sun cika. Ana kunna kyamara sai darektan ya ce in aje sandunan in ɗan rarrafa, wai hakan ya fi taɓa zuciya. Na ce ba zan yi ba. Da fim ɗin ya fito duk maganata an datse ta, ƙafata kawai aka hasko aka ɗora wani kiɗa mai sa kuka, abokina kurma da muka kalla tare kuwa bai gane komai ba don babu rubutu a ƙasan allo balle mai fassara da hannu. Fim a kanmu fa!

Kuma ba wai na raina aikin kyamara ba ne, na san ƙarfinta. A 1972 ɗan jarida Geraldo Rivera ya shiga wata makarantar gwamnati mai suna Willowbrook a Amurka ya nuna wa duniya yadda aka jibge yara masu larurar ƙwaƙwalwa cikin ƙazanta, abin ya tada ƙura har aka kai ga rufe wurin a 1987. Amma fim ɗin da ya fi tsaya min a rai shi ne Crip Camp na 2020, a kan wani sansanin hutu na matasa masu buƙata ta musamman, don ɗaya daga cikin darektocinsa James LeBrecht shi kansa a keken guragu yake. Shi ya sa za ka ga mutane suna raha suna soyayya suna musu, sannan ka ga Judy Heumann, mai fafutukar haƙƙin masu buƙata ta musamman, da 'yan uwanta sun mamaye ofishin gwamnati a San Francisco a 1977 sun ƙi fita kusan wata guda har sai da aka sa hannu a ƙa'idojin hana nuna musu wariya da suke nema. Haƙƙi suka je karɓa, kuma haka fim ɗin ya nuna su.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce mun kai biliyan 1.3, to a cikin wannan taron a ce an rasa mai riƙe kyamara da mai tace hoto? Masu ba da kuɗin irin wannan aiki ku riƙa tambaya waye ya rubuta labarin, waye ya zauna gun tacewa. Ni dai duk wanda zai sake ɗaukata sai na ga abin da ya yanke kafin ya saki.

Naku,
Wani mai karatu